Abin da na koya a kan jiragen yaƙin Mawori

A kwas ɗin tarihin mulkin mallaka kowa sai da aka ba shi wata al'umma ya yi bincike a kanta, ni ƙuri'ata ta faɗa kan Mawori, wato mutanen asali na ƙasar Niyuzilan, sai na ɗauki jiragen ruwansu na yaƙi waɗanda suke kira waka taua. Lakcaran namu mutum ne mai wata ɗabi'a, in ka kawo masa tsawon abu da faɗinsa sai ya ce to na ji, wa ya ciyar da waɗanda suka yi shi? Wannan tambayar ita ta riƙe min aikin gaba ɗaya.

Domin in ka tsaya kan awo kawai labarin gajere ne. Kwalekwale ne dogo siriri, manyansu suna wuce mita 30, matuƙa kamar 80 kowa da filafilinsa, an fafe shi daga gungumen itacen totara ko kauri, an ƙara masa katako a gefe an ɗaure da igiyar zaren wata ciyawa da suke kira harakeke, ba ƙusa ko ɗaya. Goshinsa da wutsiyarsa an yi musu sassaƙa mai ban mamaki. Shi ke nan.

Amma ka yi tunani, kafin Turawa su zo mutanen nan ba su da ƙarfe, gizagon dutse ne da wuta, kuma bishiyar tana can cikin ƙungurmin daji nesa da ruwa, sai an kayar da ita an rage mata ciki a wurin sannan jama'a su taru da igiyoyi su jawo ta kan guma-gumai har bakin ruwa, aikin da yake iya cin fiye da shekara, kuma duk tsawon lokacin nan masassaƙan ba sa noma ba sa kamun kifi, wasu ne suke noman dankalin da suke kira kumara suna ciyar da su. To duk shugaban da ka ga yana da irin wannan jirgi ka san yana da rumbu kuma yana da mutanen da in ya kira za su amsa. Jirgin shaida ne kawai. Ga kuma dokoki, a al'adarsu ba a sare bishiyar sai an yi addu'o'insu ga Tane wanda suke ɗauka ubangijin daji, ba a kawo dafaffen abinci kusa da wurin aiki, mata ba sa shiga jirgin yaƙi. Akwai ma tatsuniyarsu ta wani Rata da ya sare bishiya bai nemi izini ba, kullum ya dawo da safe sai ya tarar tsuntsaye da ƙwari sun tayar da ita tsaye.

Wajen yaƙin ma haka na gani, jarumta daban, iya tsara tafiya daban. A 1642 lokacin da Abel Tasman ɗan Holan ya iso, wani jirgin Mawori ya banke ƙaramin kwalekwalensa aka kashe masa mutum huɗu, ya juya bai ko taka ƙasa ba. Amma wanda ya fi tsaya min a rai shi ne Hongi Hika, shugaban ƙabilar Ngapuhi ta arewa. Ya je Ingila a 1820, a hanyar dawowa ya samo bindigogi, a 1823 ya nufi mutanen Te Arawa waɗanda suka tattara kansu da jiragensu suka koma tsibirin Mokoia a tsakiyar tafkin Rotorua suna ganin ai babu mai isa gare su tunda tafkin yana cikin ƙasa nesa da teku. Mutumin nan sai ya taho da jiragensa ta gaɓar teku, ya shiga rafi, inda ruwa ya ƙare ya sa aka riƙa jan su ta tudu daga wannan tafki zuwa wancan har suka ɓullo musu. Har yau hanyar da aka ja jiragen tsakanin tafkin Rotoehu da Rotoiti da sunansa ake kiranta. Kowa bindigar yake ambata in ana wannan labari, ni kuwa ina ganin bindiga ba ta tsallake ruwa da kanta.

Wani darasin kuma a kan littattafai ne. Kowane Bamawori in zai gabatar da kansa yakan faɗi dutsensu da koginsu da jirgin da ya kawo kakanninsa, Tainui ko Te Arawa ko Mataatua ko Takitimu da sauransu, waɗannan na ƙetare teku ne ba na yaƙi ba, kuma masana sun ce wajen 1250 zuwa 1300 aka iso. Tsofaffin littattafai za ka ga sun rubuta wai jirage bakwai ne suka taso tare a 1350. Ashe wani Bature ne Percy Smith ya haɗa ruwayoyin ƙabilu daban-daban ya daidaita su suka zama labari ɗaya mai daɗin ji, aka yi ta koyar da shi a makarantu shekara da shekaru sai a wajen 1976 David Simmons ya koma kan asalin rubuce-rubucen ya nuna ɗinkin. Tun daga nan in na ga tarihi ya cika santsi sai na nemi wanda ya goge shi.

Sojojin Ingila kam sun san darajar jiragen nan sarai. Da suka shiga yankin Waikato a 1863 suna bin kogi suna kame su suna farfasawa. Te Toki a Tapiri, wanda aka sassaƙa wajen 1836 mai tsawon mita 25, a lokacin aka ƙwace shi, yanzu yana gidan tarihi na Auckland. Bayan yaƙi an ƙwace filaye, dazuzzuka sun tafi, mutane sun watse, to wa zai ciyar da masassaƙi? Sana'ar ta kusa mutuwa.

Mace ce fa ta tashe ta, Te Puea Herangi ta gidan sarautar Waikato, duk da cewa jirgin yaƙi ba wurin mata ba ne. A shekarun 1930 ta nemo tsofaffin da suka rage da ilimin ta haɗa su da matasa, aka gyara wani tsohon jirgi Te Winika da aka wargaza a yaƙin, aka kuma sassaƙa sababbi saboda cikar shekara 100 da yarjejeniyar Waitangi ta 1840, wadda shugabannin Mawori suka ƙulla da Ingila. Cikinsu akwai Ngatokimatawhaorua, bishiyar kauri uku aka haɗa, ya haura mita 35, kuma sai da matuƙa 76 aƙalla yake tafiya daidai. Wannan lambar ta 76 ita na fi riƙewa, don ba a ajiye irin wannan jirgi da fenti da rumfa kawai, dole kowace shekara a samu samari sama da saba'in da suka yi atisaye suka san kiran mai ba da amo da ke tsaye a tsakiya, in ba haka ba ranar 6 ga Fabrairu da ake fito da shi don tunawa da yarjejeniyar ba inda zai je. Kusan kamar dokin hawan sallah ne a wurinmu, yaƙi ya ƙare amma dole a ci gaba da samun masu iya hawa.

Kuma ba biki kaɗai ba. Da sarauniyarsu Te Atairangikaahu ta mutu a 2006 a jirgin yaƙi aka ɗauki gawarta ta kogin Waikato zuwa dutsen Taupiri inda ake binne sarakunansu, haka aka yi wa ɗanta Tuheitia a Satumban 2024, ranar da aka naɗa 'yarsa ta gaje shi.