Hans Rosenfeldt da gawar da aka ajiye a tsakiyar gada

Kafin Hans Rosenfeldt, marubucin wasannin talabijin ɗan Suwidin, ya fara cin abinci da alƙalami, ya yi aikin horar da zakunan teku a gidan namun daji na Borås, garin da aka haife shi a 1964. Ya yi direba, ya yi koyarwa, ya hau dandamali a Gothenburg. Amma inda hannunsa ya faɗa shi ne Rederiet, wasan talabijin mai dogon zango da tashar gwamnatin Suwidin, SVT, ta nuna daga 1992 zuwa 2002, kashi 318.

Irin wannan aiki ba ya jiran ilhama. Babban marubuci ne ke tsara inda labari zai dosa, a yanka shi kashi-kashi, a jera fitowa ɗaya bayan ɗaya da abin da kowace za ta canza, sannan a miƙa wa mai rubuta zance. Zance ne na ƙarshe. Wanda ya fara da shi yakan samu kalamai masu daɗi a fitowar da ba ta matsar da labari ko taku ɗaya ba, kuma irinta ake fara jefarwa idan lokacin ɗauka ya ƙure.

A 2006 kamfanin Filmlance ya nemi ya ƙirƙiro labarin 'yan sanda da zai gudana a Suwidin da Denmark a lokaci guda. Matsalar a fili take: me zai tilasta wa jami'an ƙasa biyu bincike ɗaya har tsawon kashi 10? Amsar da shi da abokan aikinsa Måns Mårlind da Björn Stein suka samo ita ce gadar Øresund, wadda aka buɗe a 2000, mai kusan kilomita 8, da ta haɗa Malmö ta Suwidin da Kopanhagen ta Denmark. Aka shimfiɗa gawa daidai kan layin iyaka. Da aka zo ɗagawa sai ta rabu biyu: saman na wata 'yar siyasar Suwidin, ƙasan na wata mace daga Denmark. Babu ƙasar da za ta ce ba ruwanta. A ganina wannan fitowa guda ta ɗauke nauyin da wani marubuci zai ɓata kashi biyu yana bayani a kansa.

Shirin, mai suna Bron, wato Gada, ya fara fita a 2011, ya ƙare a 2018 da zango 4, kashi 38. Kowane kashi kusan awa guda ne, kuma SVT ba ta katse shiri da talla, don haka babu wurin hutu da marubuci zai rataya ɗokin mai kallo. Dole kowace fitowa ta ja ta gaba. Dabararsa ita ce shigo da mutanen da ba a ga alaƙarsu da kisan ba, a bar su suna harkarsu, sai can gaba zaren ya haɗu. Haɗarin shi ne idan haɗuwar ta yi jinkiri, mai kallo ya manta fuskar. Kowane ɗan wasa kuma da harshensa yake magana, ɗan Suwidin da nasa, ɗan Denmark da nasa. Halin Saga Norén, jami'ar da ba ta iya kara ba, ba a taɓa sa masa sunan wata lalura a cikin shirin ba.

Bayan zango na 2, Kim Bodnia, mai fitowa a matsayin abokin aikinta Martin Rohde, ya bar shirin. Rabin ginin ke nan ya tafi. Ba a sa wani ya ci gaba da sunan ba. Aka ƙirƙiro sabon jami'i, Henrik Sabroe, da nasa ciwon, ɗan wasa Thure Lindhardt ya hau.

Tsarin ya sayu a waje: a 2013 aka maimaita shi kan iyakar Amurka da Meziko, da kuma ramin jirgin ƙasa tsakanin Ingila da Faransa. Rosenfeldt kansa ya rubuta wa tashar ITV shirin Marcella a 2016, labarin da ke gudana a Landan.