Wasannin da na saya da kuɗina amma suna cikin kont ɗin Yaya

Sati biyu kafin Yaya ya tafi Yamai kama aiki muka zauna a zaure bayan isha'i, konsol biyu a gabanmu kan tabarma, tsohuwar Switch ɗin Nintendo da ya zo da ita daga Faransa a 2019 da kuma sabuwar Switch OLED ɗin da ya saya saboda tafiyar. Ni a tunanina aikin minti goma ne, ya kwashe wasanninshi ya bar mini nawa, kamar dai yadda ake raba kaya a ɗaki in wani zai tashi. Wallahi sai da muka kai ƙarfe ɗaya na dare, shayi ya huce, kuma abin da muka zauna dominshi bai yiwu ba sam. Shi ya sa na ce bari in rubuta, don na san a nan Damagaram gidaje nawa ne konsol ɗaya ke zagaya hannun wa da ƙane da ɗan kawu, kuma ba wanda ke tambayar da sunan wa aka sayi wasan sai ranar rabuwa.

Ga yadda muka shiga ciki. Kantin intanet na Nintendo, wato eShop, ba a buɗe shi don Nijar ba, to Yaya tun yana can ya buɗe kont ɗinshi da sunan Faransa, kuma shi ke da aboki a can da ke saya mana katin kuɗi ya turo kod ta WhatsApp mu kuma mu aika mishi kuɗinshi. Kenan duk lokacin da na tara abin da na tara, sai in ba Yaya, ya sa kod ɗin a kont ɗinshi, a sauke wasa. Haka na sayi Mario Kart 8 Deluxe, haka na sayi Zelda, haka na sayi FC 24 lokacin da aka daina ce mishi FIFA. Kuma ba ƙaramin kuɗi ba ne, yuro 1 sefa 655 ne da ɗoriya, wasan yuro 60 ka ga ya kusa jika 40 kenan, wanda ya san yadda ake tara jika 40 a garin nan ya san me nake nufi. Shekara da shekaru ba matsala ko ɗaya, kowa a gidan yana da hotonshi a fuskar konsol, ka taɓa naka ka shiga wasa, don haka ni har cikin raina na ɗauka wasan na cikin na'urar ne kamar waƙa a memori.

Ashe ba haka ba ne. Wasan da aka saya ta intanet yana manne da kont ɗin da ya biya kuɗin, ba da konsol ba, ba da wanda ya fi buga shi ba, ba kuma da wanda kuɗin ya fito daga aljihunshi ba. Babu wani maɓalli a cikin parametir da za ka danna ka ce na ba wane wannan wasan har abada. Ba a kuma haɗe kont biyu su zama ɗaya. Mun bi menu ɗin nan layi-layi, na Faransanci ne, Yaya na karantawa ina dubawa a waya, har ya ɗago ya ce mini "kai ƙane, abin nan fa ba ya ciruwa, nawa ne a rubuce ko da kai ka biya". Ba da mugun nufi ya faɗa ba, shi ma abin ya dame shi, amma gaskiya maganar ta zauna mini a ƙirji.

Abin da ya sa ba mu taɓa lura ba shi ne tsarin da ake kai a da. Kowane kont yana da konsol ɗaya da ake ɗauka a matsayin babbar konsol ɗinshi, a kanta duk wanda ke da hoto yana iya buga wasannin mai kont ɗin, ko da rezo ko babu. In mai kont ya shiga wata konsol ta biyu kuwa, shi kaɗai ke iya bugawa kuma sai na'urar ta leƙa intanet ta tabbatar. Tamu ita ce babbar, shi ya sa komai ke tafiya lafiya lau. A ƙarshen Afrilun 2025 aka yi mizajur mai lamba 20.0.0, gab da fitowar Switch 2 a ranar 5 ga Yuni, aka kawo sabon tsari inda kowane wasan da ka saya yake zama kamar kati, ka sa shi a konsol ko ka zare shi, sai dai ba kati ne da hannu ke taɓawa ba. Mu a fada katin iska muke ce mishi. Kuma wannan katin iskan ne ya fid da mu, ko da yake ba ta ƙofar da na so ba.

Ga abin da muka yi, kuma nan ne nake so mai karatu ya natsu. Kont ɗaya yana iya juya katunanshi tsakanin konsol biyu. Sai Yaya ya shigar da kont ɗinshi a sabuwar, ya bar hotonshi a tsohuwar bai goge ba, muka ajiye su kusa da juna suka gaisa ta iska, wannan haɗin na farko dole sai suna wuri ɗaya kuma da intanet, shi ya sa na gode Allah da muka yi shi kafin ya hau kar, don tsakanin Zinder da Yamai kusan kilomita 900 ne, ba tafiyar da za ka yi don haɗa konsol ba ce. Bayan an haɗa, duk katin da aka sa a tawa, kowa a gidanmu yana buga shi da hotonshi kuma ba ya neman rezo, ko an ɗauke wuta wifi ya mutu wasa na tafiya har batir ya ƙare. Wasannina uku muka bar su a tawa, nashi ya ja su zuwa tashi. A ido kamar an raba. Amma a rubuce duk nashi ne har gobe, in ya ga dama, muddin tawa na kan rezo, daga can Yamai yana iya jan katin Mario Kart ya koma wajenshi, ni kuma in wayi gari babu. Yayana ne, uwa ɗaya uba ɗaya, na san ba zai yi ba, amma ka ga abin ya tsaya kan amana ne ba kan mallaka ba.

Akwai kuskuren da muka kusa yi, saura ƙiris. A parametir akwai inda ake ɗauke mutum gaba ɗaya daga wata konsol zuwa wata, da hotonshi da duk ajiyar wasanninshi, kuma in an gama sai a share shi daga tsohuwar. Yaya har ya shiga wajen, yatsanshi na kan maɓalli, na ce Yaya dan Allah dakata mu karanta abin da ya rubuta a ƙasa. Da ya danna da Zelda ɗina ya tafi Yamai.

Don nan ne ciwon yake. Lokacin da na fara Zelda ban ma da hoto nawa a konsol ɗin, a kan na Yaya na fara, kuma da na yi nisa ban so in koma farko ba sai na ci gaba a nan. Duk damina biyu da na yi ina hawan duwatsu a wasan nan, dawakan da na kama, makaman da na tara, duk suna ƙarƙashin sunanshi. Ita ajiyar wasa, wato inda ka tsaya, ba ta zama a memori, a cikin na'urar kanta take kuma tana bin hoton da aka buga da shi. Ana iya tura ta daga konsol zuwa konsol amma sai dai ga mai kont ɗin nan dai, ba a ɗauke ta daga hoton wane a maida ta na wane. Shi kuma hoto in an riga an ɗaura mishi kont, ba a kwancewa a ɗaura wani, sai dai a goge shi, in an goge kuma ajiyar ta bi shi. To sai muka bi wasa ɗaya-ɗaya, ya tura ajiyar nashi zuwa sabuwar, ya bar ta Zelda inda take. Har yau in zan buga shi hoton Yaya nake taɓawa, abokanshi na Faransa suna ganin kamar shi ne ke kan wasa da tsakar rana alhali yana ofis.

Wani abin da ya ci mana kuɗi ba mu shirya ba shi ne forfe. Mun ɗauka za mu zare memorin tsohuwar mu sa a sabuwar a huta, ina, wasan da aka sauke a wata konsol ba ya tashi a wata ko da memori ɗaya ne, sai an sake saukewa daga farko. Wasa irin Zelda kaɗai ya haura jiga 13, tsohuwar Switch kuma jiga 32 ne cikinta gaba ɗaya, OLED 64. Kwana uku Yaya na kunna saukewa da dare lokacin da rezo ya fi sauƙi, ya kwanta ya bar waya kusa da konsol a kan sharji.

Sai maganar aro, wadda ita ma mutane ke ruɗewa da ita su ɗauka kyauta ce. Ana iya haɗa kont har 8 a rukunin iyali, kuma a cikin rukunin kana iya ara wa wani katin iska na kwana 14, in sun cika ya dawo da kanshi ba sai ka bi mutum gida ba. Mai aro wasa ɗaya yake riƙewa a lokaci guda, mai bayarwa kuma har 3 yana iya fitarwa, kuma muddin katin na waje kai mai shi ba ka buga shi. Ajiyar mai aro tana nan a konsol ɗinshi, in ya sake ara ya ɗora daga inda ya tsaya. Amma nan ma sai konsol biyun na kusa da juna. Ɗan kawunmu da ke Birni yana da Switch Lite, wato ƙaramar Switch, mun sa shi a rukunin, to duk sati biyu za ka gan shi ya sauka daga kabu-kabu da ita a aljihun riga ya zo sabunta aron FC, ya gaida Inna, ya ci tuwo, ya koma. Wannan ɓangaren kam ina son shi, ya sa yaron yana zuwa gida fiye da da.

Dan Allah masu sayen konsol ta hannu, ko a nan kasuwar Dole ko wadda aka ɗauko daga Kano, in an ce maka "cike take da wasanni" ka tambaya a kont ɗin wa suke. Wani abokina a fada ya ƙara kuɗi masu yawa saboda wasa takwas da ya gani a fuska, wata biyu yana jin daɗi, rannan ya haɗa ta da wifi ya kunna sai ga su duk a kulle, mai kont ɗin na asali ya janye kayanshi, shi kuma wanda ya sayar mishi ya ce ai na'ura ya sayar. Imel ɗin ba nashi ba, kod ɗin shiga kont ba nashi ba, ba inda zai kai ƙara. Hotunan wasannin na nan a fuska har yanzu amma ba ɗaya da ke buɗewa. Kuma ba Nintendo kaɗai ke da wannan tsarin ba, masu Steam Deck ma, konsol ɗin wani kamfani, wasa na bin kont ne, suna da nasu rukunin iyalin na mutum 6 amma ba a maida wasan da ka riga ka saya zuwa sunan wani.

Ni dai yanzu ra'ayina a fili yake, ga irin zamanmu kaset na hannu ya fi. Ka saya, ka sa, yawanci ba ka ƙona forfe mai yawa ba, in ka gaji ka ba ƙanenka ko ka sayar ka cika ka sayi wani, kuma ba ruwanshi da imel ɗin kowa. Na san samun shi a nan da wuya, sai an yi saƙo, kuma yana ɓata, ƙaramin abu ne kamar ɗan yatsa, mun taɓa neman ɗaya kwana biyu ashe yana cikin aljihun wandon auta. Na intanet kuma yana da ranarshi, musamman in an karya farashi. Amma in za ka saya ta nan, buɗe kont naka da imel ɗin da kai ke riƙe da shi, ka rubuta kod ɗin shiga kont a takarda ka ajiye inda kake ajiye takardun lakwal, ka kuma zaɓi ƙasa ɗaya ka tsaya a kanta don katin kuɗin Faransa ba ya shiga kont ɗin Amurka. Kuma ranar farko da yaro zai taɓa konsol a buɗe mishi hotonshi, minti biyu ne, kar a ce ya fara a kan na wani tukuna.

A daren nan kafin mu tashi na buɗe nawa kont ɗin, Yaya na gefe yana faɗa mini abin da zan cike. Wata uku bayan tafiyarshi na sayi wasana na farko a kai, ɗan ƙarami ne na yuro 10, abokin nan nashi ne dai ya turo kod ɗin amma ni na sa shi da hannuna.

Jiya da dare Yaya ya kira, bayan ya gama da Inna ya ce a ba ni. Wai abokan aikinshi za su zo wajenshi ran Asabar, in sako mishi Mario Kart na kwana biyu. Na ce to Yaya, amma sai ka kunna taka ka haɗa ta da rezo ni ma in haɗa tawa. Ya ce "ranar Litinin zan maido maka, kar ka damu". Auta na jin haka ya ɗauke konsol ɗin ya shige ɗaki, wai bari ya yi tsere biyu kafin a zare.