Kotun da ba ta san yau nawa ga wata ba

Na daɗe ina aiki a ofishin rajistar kotu, kuma kayan aikina mafi daraja shi ne ɗan hatimin kwanan wata. Zobban roba uku gare shi, na rana da na wata da na shekara. Kullum da safe sai na murza na ranar da babban yatsa, tawada ta ɓata mini farce, kafin in karɓi takardar kowa.

Ƙanwata, wadda ke karatun fiziks, ita ta jawo maganar. Ta ce, "Yaya, da za a kafa kotun hukunta masu wasa da lokaci a tsakanin duniyoyi, za ka karɓi aikin rajistara?" Na ce waɗanne duniyoyi kuma? Sai ta ba ni labarin Hugh Everett, wanda a 1957, yana ɗalibi a jami'ar Princeton ta Amurka, ya kawo ra'ayin cewa duk lokacin da aka auna wani abu a duniyar ƙananan ƙwayoyin zarra, kowane sakamako mai yiwuwa yana faruwa, kowanne a reshensa, wato a tasa duniyar. Rassan kuwa, in sun rabu, ba sa sake jin ɗuriyar juna.

Nan na tsayar da ita. In ba sa jin ɗuriyar juna, wa zai kai sammaci? Shari'o'i da yawa na gani sun kwanta saboda masinja bai sami wanda ake ƙara a gida ba, balle a ce yana wata duniyar da babu hanya zuwa cikinta.

Amma a ce an kai. Na kwana ina juya abin a raina, har na ga zauren: alƙali a sama, akwatin wanda ake tuhuma, ni a teburina. An kawo mutumin da ya koma baya ya hana wasu biyu haɗuwa, don kada a haifi abokin gabarsa. To wa ya shigar da ƙarar? Wanda aka zalunta ba a taɓa haifarsa ba, ba shi da suna balle sa hannu. Shaidu kuwa ba su tuna komai ba, don a wurinsu babu abin da ya ɓata. Lauyan mai kare kansa ma ba sai ya yi gumi ba: zai nuna wani reshe inda wannan mutumin dai ya fasa tafiyar, ya kwanta ya yi barcinsa, ya ce wanne daga cikinsu kuke tuhuma?

Abin da ya fi tsaya mini a wuya shi ne batun hurumi. Ƙa'ida ce tsohuwa cewa ba a hukunta mutum da dokar da aka kafa bayan ya aikata abin. Kotun hukunta manyan laifuka ta duniya da ke Hague ba ta sauraron laifin da aka yi kafin 1 ga Yuli, 2002, ranar da yarjejeniyar Rum, wadda ta kafa kotun, ta fara aiki. Mai wayo sai ya duba ranar da aka kafa kotun tamu, ya koma kwana ɗaya kafin nan, ya yi ta'asarsa, ya dawo ya zauna a kujerar 'yan kallo.

Ko hukuncin ma rigima ne. Ɗaurin shekara 10 da agogon wa? Wannan kam ba almara ba ce. A 1971 wasu masana kimiyya biyu, Hafele da Keating, sun ɗora agogunan atom a jiragen fasinja suka zaga duniya, suka dawo suka tarar sun saɓa da na ƙasa, kamar yadda lissafin Einstein ya nuna. Agogunan taurarin ɗan'adam na GPS suna riga namu da kusan kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kowace rana, dole ake gyara musu.

Abu ɗaya ya kwantar mini da hankali: har yanzu babu wanda za a gurfanar. A 2009 masanin fiziks Stephen Hawking ya shirya wa matafiya lokaci liyafa a Cambridge, bai fitar da gayyatar ba sai bayan an tashi. Ko mutum ɗaya bai zo ba.

Washegari na ce wa ƙanwata ba na son aikin, amma na taɓa ganin irin laifin da idona. Wani lauya ya zo da takardar ɗaukaka ƙara, wa'adi ya cika tun jiya. Ya sunkuyo a kan teburina, ya rage murya, ya ɗora yatsa a gefen hatimin. "Malam, kwana ɗaya ne fa. Murzawa ɗaya." Na dubi zoben ranar, na tuna akwai wani can da ya kwana yana murna shari'arsa ta ƙare. Na buga kwanan watan ranar, na ce ya je ya roƙi kotu ƙarin wa'adi.

Ta yi dariya ta ce, "A wani reshen dai ka murza, Yaya."

Na ce to su aiko da sammacin, ina nan a teburina.