Teburin mazaɓun Kanada, mako na uku

'Yan uwa abokan koyo, barkanmu da warhaka. Ga inda aka kwana a teburin mazaɓun Kanada da nake haɗawa a kwamfuta.

Na gama shigar da mazaɓun tarayya, duka 343 da aka yi zaɓen 28 ga Afrilu 2025 a kansu: Ontariyo 122, Kebek 78, Birtish Kolombiya 43, Alberta 37, haka dai har zuwa Nunabut mai kujera ɗaya tal duk da girman ƙasarta. Wannan kwana biyu kacal ya ci mini. Sai da na shiga na larduna ido ya raina fata.

Laifina ne kuwa. Tun farko da suna nake bambance mazaɓa da mazaɓa, na ce wa kwamfuta duk layi biyu masu suna ɗaya ta haɗe su. Daren Laraba ina dubawa na ga Gatineau ta zama layi guda, alhali biyu ce. Ta tarayya cikin birni take, tsallaken kogi daga Otawa, babban birnin Kanada. Ta lardin Kebek kuwa, ɗaya daga cikin kujeru 125 na majalisarsu, ta miƙa arewa can cikin karkara. Shayina har ya huce ina warware abin da na cakuɗa da hannuna.

Ontariyo ta fi wannan rikitarwa, don ita da gangan take aron iyakokin tarayya, tun zaɓen 1999. Sai ka ga Ottawa Centre a tarayya, Ottawa Centre a lardi, ka ɗauka iyaka ɗaya ce. Ina! Tarayya na sake shata iyaka duk shekara goma bayan ƙidaya, ta kuma yi hakan a 2023, kujeru suka tashi daga 338 zuwa 343. Lardin bai bi ba tukuna. Zaɓensa na Fabrairun 2025 a kan mazaɓu 124 aka yi shi, na kudancin lardin kuma suna kan tsohuwar taswirar tarayya ta 2013. A arewa ma tsarinsa daban, har da mazaɓun Kiiwetinoong da Mushkegowuk—James Bay da aka ƙirƙiro don zaɓen 2018.

Don haka na sake gini. Yanzu kowane layi sai ya faɗi mataki, tarayya ko lardi, da sunan lardin, da shekarar da aka shata iyakar, sannan suna ya biyo baya. Na tarayya na ƙara musu lambarsu mai alƙaluma biyar. Biyun farko lardi suke nunawa, 35 Ontariyo, 24 Kebek, 48 Alberta. Ita ma lambar ban yarda da ita ita kaɗai ba, sai da shekara a gefenta.

Wani ƙaramin abu da ya ci mini rai: alamar layin nan (— ko -) da ke tsakiyar suna. A Laurier—Sainte-Marie, dogon layin wurare biyu yake haɗawa, gajeren kuma cikin suna ɗaya yake. Na buga gajere duka biyun, na yi ta nema kwamfuta na cewa babu. Ku kwafo sunan yadda yake, kada ku buga da hannu.

Saura Alberta mai kujerun lardi 87, da Tsibirin Yarima Edward, inda kujerun tarayya huɗu ne amma na lardi 27. Da tsibirin zan fara ranar Asabar in Allah ya kai mu, ko na ɗan huta.