Na Je Neman Bruce Lee a Hong Kong

Sayayyar kaya ce ta kai ni Guangzhou, amma tun daga Kano na ƙudura ba zan dawo ba sai na leƙa Hong Kong. Ranar da aka gama lodin kayana na hau jirgin ƙasa mai gudu, cikin awa ɗaya ina tashar West Kowloon. Na kama ɗaki a Chungking Mansions, inda 'yan kasuwarmu ke sauka, na yi la'asar, na gangara bakin ruwan Tsim Sha Tsui.

Ga Bruce Lee tsaye, mutum-mutumin tagulla da aka kafa a 2005, ba riga, ya gyara tsayuwa zai kai naushi. Burusli muke ce masa muna yara, mu fito daga silima muna harba ƙafa a lungu har sai wani ya gurɗe. Na daɗe a wurin, masu ɗaukar hoto suna ta ture ni.

Washegari na tafi gidan tarihi na Sha Tin, inda aka ware masa zaure. Nan ne ya ba ni mamaki. Ashe tun yana yaro yake fim, ya yi kusan 20 kafin ya tafi Amurka a 1959. Ashe gwanin rawa ne ma, shi ya cinye gasar rawar cha-cha ta Hong Kong a 1958, a shekarun da yake koyon Wing Chun, wani salon faɗan kung fu, wurin malaminsa Yip Man. Sai na gane inda saurin ƙafar nan ya samo asali. A Amurka bai wuce mai rufa wa jarumi baya ba, sai da ya dawo gida ya yi fim ɗin The Big Boss a 1971 sannan duniya ta waiwayo. Daga nan zuwa rasuwarsa, 20 ga Yulin 1973, ko shekara biyu ba a cika ba. Shekarunsa 32, bai ma ga fitowar fim ɗinsa Enter the Dragon ba.

Da yamma na nemi gidansa, lamba 41, Titin Cumberland, a Kowloon Tong. An rushe shi tun 2019, kuma wallahi abin ya ƙona mini rai. Garin da ya ci moriyar sunansa ya kasa riƙe masa gida ɗaya. Kabarinsa ma yana can Seattle, a Amurka. Na ɗauki hoton lambar titin, na juya neman jirgin komawa masauki kafin magariba.