Talata: kwaɗon da ke ƙofar shagon Yaya

Da sauƙin zuciya na tashi yau, domin Baffa ya amince zai raka ni caji ofis a nan Legas kan maganar Yaya, kuma a zatona da mun shigar da ƙara za a haɗa mu da ɗan sanda ya zo ya cire kwaɗon da ƙanin marigayi mijinta ya garƙame shago da shi. Yaya ba ta ko kai rabin takaba ba, amma tun ranar Asabar mutumin nan yake bin 'yan haya ɗaki ɗaki yana ce musu daga wannan wata shi za su riƙa ba kuɗi, wai akwai guminsa a ginin gidan.

Mun yi dace da wani sufeto ɗan Arewa, ya ba Baffa kujera, ya saurare mu har muka kai aya. Sannan ya tambaya: "Baba, ya doki wani? Ya ce zai kashe wani, ko ya fitar da ita daga ɗakinta?" Baffa ya ce a'a, amma ya toshe wa marayu hanyar abinci. Sufeto ya ce, "Baba, wannan maganar gado ce, ni kuwa ba alƙali ba ne. In na karya kwaɗon nan yau, na yanke hukunci ke nan cewa gidan na marayu ne, alhali shi ma yana cewa yana da haƙƙi a ciki." Ran Baffa ya ɓaci, ya ce, "Yallaɓai, wato sai an zubar da jini sannan za ku zo?" Sufeto bai yi fushi ba. Ya ce duk ranar da aka taɓa lafiyarta ko aka yi mata barazana mu kira shi ko da tsakar dare ne, kuma zai gayyato ɓangarorin biyu ranar Alhamis kowa ya sa hannu a takarda cewa ba zai ta da fitina ba. Iyakar abin da ke hannunsa ke nan.

Na tuna masa dokar kare kadarori da Jihar Legas ta yi a 2016, zamanin Gwamna Ambode, wadda ta haramta ƙwace gida ko fili da ƙarfin tsiya. Ya ce yana sane da ita, sai dai a ganinsa masu ƙwacen filaye aka nufa da ita tun farko, kuma in rikicin na 'yan gida ɗaya ne sai an fara sanin mai haƙƙi.

Tun da muka fito maganarsa take cina, don ban sami inda zan ƙaryata shi ba. Sashe na 32 na dokar 'yan sanda ta 2020 ya hana a kama mutum kan rikicin da ba na laifi ba, irin na bashi ko saɓa yarjejeniya, kuma ni ina goyon bayan wannan hani. A nan Agege mun sha ganin mai kuɗi ya sa an kulle wanda yake bi bashi. Da 'yan sanda na raba gado, ƙanin marigayi, wanda ya fi mu abin hannu, shi zai riga mu zuwa, Yaya kuwa da tuni tana waje. Amma kariyar da aka yi mata alkawari ta jikinta ce kawai. Shinkafa da man da ke cikin shagon, da kuɗin hayar da ake biya wa yara makaranta da shi, duk suna wajen wannan kariya har sai an yi hukunci, hukunci kuwa ba yau ba, ba gobe ba.

Abin da ya fi yi mini ciwo shi ne a Musulunci maganar ba ta da ruɗani. Mace mai 'ya'ya tumuni take ci, kuma ɗan'uwa ba ya gado muddin mamaci ya bar ɗa namiji. In da gaske akwai kuɗinsa a ginin, ya kawo shaidu a fitar masa kafin a raba. Da a Kano ne, kotun shari'ar Musulunci za mu nufa kai tsaye. Legas ba ta da irinta ta gwamnati, saboda haka ko dai mu bi Babbar Kotu a Ikeja da lauya da takardar izinin kula da dukiyar mamaci, ko mu je cibiyar sasanci ta Ma'aikatar Shari'a wadda take kyauta, ko mu koma ga malamai da manyan unguwa, waɗanda maganarsu ba ta ɗaure sai wanda ya yarda ta ɗaure shi.

Da yamma Yaya ta tambaye ni ko za a buɗe shagon kafin ƙarshen wata, na faɗa mata yadda muka yi ban rage komai ba. Baffa zai ga Sarkin Hausawa gobe bayan Azahar, ni kuma zan kwana ina binciken akwatin marigayi ko Allah zai sa takardun gidan suna ciki.