Jan biro da Hausar Inna

Kafin yaƙin da ya ɓarke a Afrilun 2023, nakan tara yaran unguwarmu a Gadarif, a gabashin Sudan, duk ranar Asabar in koya musu rubutun Hausa da boko. Larabci suke karatu da shi a makaranta, Hausa kuwa sai a gida da kasuwa. Abin da na dogara da shi a lokacin shi ne littafin nahawu na M.K.M. Galadanci na 1976, wanda wani ɗan'uwa ya kawo mini daga Kano, sai jan biro.

Wata rana wata yarinya ta rubuta "munka tahi gona". Na ja layi, na rubuta "muka tafi" a sama, har na ƙara da cewa zama cikin Larabawa ya ɓata mana harshe. Ashe a tsakar gidanmu ta kwaso maganar. Da yamma Inna, kakata, wadda yaran ke kira Habboba, wato kaka da Larabcin Sudan, tana tsince riɗi a faifai, ta ɗago kai ta dube ni.

"Maigida, ashe kai ka gyaran Hausa yanzu? Kakanninmu da sunka baro Burmi da wagga Hausa sunka taho."

Na yi dariya, amma maganar ta tsaya mini a rai. Inna 'yar Mai Wurno ce, garin da ɗan Sarkin Musulmi Attahiru ya kafa a bakin Shuɗin Nilu kusa da Sinnar, bayan Turawa sun kashe mahaifinsa a Burmi a 1903. Mutanen da suka biyo shi, da yawansu daga ƙasar Sakkwato suka fito.

Sai na shiga neman littattafai. Na samu babban nahawun Paul Newman na shekarar 2000, kuma duk da Turancina na makaranta ne, na lallaɓa har na iske inda ya yi bayanin Hausar yamma. Ga "munka", ga "kunka", ga "sunka", an jera su a matsayin Sakkwatanci. Haka "na" da "ta" a maimakon "ne" da "ce", da "h" a inda Bakano ke sa "f". Kunya ta kama ni. Abin da na kira gurɓacewa ya girmi zuwanmu Sudan. Galadanci bai yi ƙarya ba, daidaitacciyar Hausa ya bayyana, wadda aka gina a kan karin Kano. Ni ne na mayar da ita sandar duka.

Ƙamusun Bargery na 1934 shi ya fi shiga raina. Tsoho ne, Turancinsa ma tsoho, amma yakan sa alamar gari a gefen kalma, ya ce wannan ta Katsina ce, waccan ta Sakkwato ko Gobir. Nakan zauna kusa da Inna da wayata, ta faɗi kalma in duba. Wani lokaci in samu, wani lokaci ta ce Baturen bai ji da kyau ba.

Kalmomin aro kuma daban ne. Mu nan "mustashfa" muke cewa ba asibiti ba, "arabiya" ba mota ba, "jardal" ba bokiti ba. Waɗannan Bargery ba zai taimake ka ba. Nan ne littafin Farfesa Al-Amin Abu-Manga na Jami'ar Khartum, na 1999, kan yadda Hausar Sudan ta saje da Larabci, ya yi mini rana, tare da ƙamusun Larabcin Sudan na Aun Sharif Ƙasim. Da na lura ma asibiti da mota da bokiti duk aron Turanci ne, sai na daina jin tamu ta fi tasu laifi.

Daga nan na raba allon gida biyu, gefe guda yadda ake rubutawa a Kano, gefe guda yadda ake faɗa a gidanmu. Wanda zai rubuta wa 'yan'uwa a Nijeriya ya san wanda zai ɗauka. Yarinyar nan na nemi littafinta, na rubuta "munka" a ƙarƙashin gyarana. Da na nuna wa Inna, ta ce ita ba ta karanta boko, in dai je in kawo mata shayi.